Iya Shiru ta Gidan Ruwa

Garin yana bakin wani babban tafki ne, kuma ruwan tafkin ɗaci gare shi, ko akuya ba ta sa masa baki. In an haƙa rijiya, ɗacin nan dai ake tararwa a ƙasa. Ruwan sama kuwa wata uku ne a shekara, ba ya isar kowa. Da ba don saurarau ba, da babu wanda zai kafa ko rumfa a wurin.

Saurarau wani abu ne mai rai da ke zaune a ƙasan ruwa, girmansa bai wuce tafin hannu ba. Ɓawo biyu gare shi, baƙi mai kaushi ta waje, mai santsi kalar toka ta ciki, yana buɗewa yana rufewa kamar baki. Ba a cinsa, namansa guba ne. Aikinsa ɗaya tak: ya zuƙi ruwa mai ɗaci, ya riƙe ɗacin ya ƙara wa ɓawonsa kauri da shi, ya fesar da ruwa garau. Sai dai ba ya buɗewa sai yana jin muryar mutum, kuma muryar da ya saba da ita. In ya ji baƙuwa sai ya tsuke. In ya ji shiru ma haka. Yakan jure kwana uku a rufe, a na huɗu sai a ji wari. Babu wanda ya san abin da yake saurara kafin mutane su zo wurin, kuma mutanen garin ba su damu su sani ba. Ruwa suke so.

Kowace unguwa tana da gidan ruwanta. Ɗaki ne dogo mai gajeren rufi, da kwami shida na dutse a jere, kowanne cike da saurarau. Ruwan tafki yana shigowa ta magudana a kusurwar gabas, ya bi kwamin ɗaya bayan ɗaya, ya fita ta bututu zuwa famfo uku da ke jikin bango ta waje, inda mata suke jera bokitai. A cikin ɗakin mutum ɗaya ce, ana ce mata mai hira. Aikinta ta yi ta magana daga fitowar rana zuwa faɗuwarta, tana takawa a hankali daga kwamin farko zuwa na ƙarshe, ta juyo. Da tsakar rana ne kawai ake toshe magudana na sa'a ɗaya ta ci abinci. Abin da take faɗa ba ruwan saurarau da shi, gaskiya da ƙarya duk ɗaya ne a wurinsu. Maimaici ne ba sa so. Waƙa, ko labarin da aka ba su jiya, ko magana ɗaya sau biyu, sai a ga bakuna suna rufewa, famfo ya koma ɗigo, mata su fara bubbuga bango.

Mai hirar unguwar kafintoci ta yi shekara talatin da huɗu a ɗakin nan. Yaran unguwa ne suka sa mata Iya Shiru, sunan ya bi ta har manya suka ɗauka.

Ta karɓi aikin daga hannun gwaggonta tana 'yar shekara goma sha tara. Ba don ta fi kowa baki aka zaɓe ta ba, muryarta ce ta yi kama da ta gwaggon, mai ɗan kauri, ba ta hawa ba ta sauka. Bayan shekara biyu ta auri wani kafinta mai gyaran jiragen ruwa, mutum mai barkwanci. Da yamma takan dawo gida maƙogwaro a bushe, ta sha ruwan ɗumi, ta ɗora tukunya. Shi kuma ya jingina da ƙofar ɗakin girki.

"Malama mai hira, yau ma an cinye kaf? Ko ɗan ragowa ba a kankaro min ba?"

Sai ta yi murmushi ta miƙa masa kwano. Ya yi shekara biyar yana wannan tambaya, sannan ya daina. Ya koma zama a bakin tafki da abokan aikinsa har abinci ya huce. Ba su taɓa faɗa ba, domin faɗa ma magana ce.

Ba wai ba ta da abin faɗa ba ne. A gidan ruwa babu abin da ba ta faɗa. Ta ba saurarau labarin yadda kafinta yake karkata kai in yana duba katako, da yadda gabanta ya faɗi ranar da guduma ta fasa masa yatsa. Duk abin da ya kamata ya ji, kwami na uku ne ya ji shi. Kafin ta iso gida maganar ta riga ta fita, ba ta ga dalilin sake ta ba. Ta saba da cewa maimaici yana rufe baki.

Sun haifi ɗa ɗaya. A gidan maƙwabta ya koyi magana. Da ya girma ya sami aiki a jirgin fito, ya tare a ɗaya gefen tafkin, ya yi iyali a can. Sau ɗaya ko biyu a shekara wani matuƙin jirgi yakan tsaya a ƙofarta ya ce ɗanta yana gaisuwa.

"Me zan ce masa, Iya?"

"Ka ce lafiya."

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan."

Kafinta ya rasu a shekararta ta ashirin da biyar a aikin. Ta yi kwana biyu a gida, rana ta uku ta koma, domin na huɗu wari ne. Daga nan gidan ya zama ɗaki ɗaya da take kwana, da ɗaki ɗaya da ta kulle kayan aikinsa a ciki. Kujera ɗaya take fitarwa tsakar gida. Kofi ɗaya take wankewa.

A farkon bazarar shekara ta talatin da huɗu muryarta ta fara tsagewa. Ta sha zuma, ta sha ruwan ɗumi, ba ta ga canji ba. Likita ya sa ta buɗe baki, ya leƙa da fitila da ƙaramin madubi, ya daɗe yana dannan wuyanta.

"Iya, akwai ƙulli a ciki, kuma a wurin da ba zan iya taɓawa ba. Wata uku, ko huɗu in an yi sa'a, muryar za ta tafi."

"Ni fa?"

"Ke za ki ɗan ƙara jimawa."

"To."

Ta gaya wa mai makulli, wato mutumin da ke kula da duk gidajen ruwan garin. Shi yake buɗewa da safe ya rufe da yamma, amma bai taɓa shiga ana aiki ba, don ko tari ya yi zai rufe kwami guda. Ya zauna a kan dakali ya riƙe kai. Dukansu sun san abin da ke nan. In saurarau ɗinta suka mutu, sababbi sai sun yi shekara bakwai kafin su kai girman tace ruwa. Gida ɗari huɗu ne suke sha daga famfon nan uku. Shekara bakwai ke nan matan unguwa za su yi suna tafiya mai nisa da bokiti a ka, su bi layi a bayan matan wata unguwa, waɗanda nasu ruwan ma da kyar yake isarsu. Dole ta miƙa murya kafin tata ta ƙare.

Ya kawo mata mata biyu, kowacce ta yi mako guda. Suna buɗe baki sai saurarau su rufe. Ya ce, "Iya, ki nemo jininki. Ba ki da 'yar'uwa?"

Tana da ita. Autarsu, tela ce, tana da shago a bayan kasuwa. Mijinta ya rasu, 'ya'yanta mata uku duk sun yi aure. Shekara goma sha ɗaya ke nan ba su zauna wuri ɗaya ba sai a gidan rasuwa, tun ranar da mahaifiyarsu ta cika da azahar, Iya Shiru kuma ba ta iso ba sai bayan faɗuwar rana, da ta tashi daga aiki.

Ta je da tsakar rana, a sa'ar cin abincinta. Ta tsaya a bakin shagon. Auta ta ɗago kai daga keken ɗinki, ta dube ta sama da ƙasa.

"Wa ya mutu?"

"Ba kowa."

"To shigo ki zauna, kin tare min haske."

Ta zauna a kan wani benci cike da ƙyallaye. Ta ce, "Muryata za ta tafi."

"Dama kina da ita? Mu dai ba mu taɓa ji ba."

Iya Shiru ta faɗi abin da likita ya ce, da abin da mai makulli ya ce, a taƙaice. Auta ba ta daina taka keke ba sai da ta kai ƙarshen hannun rigar. Ta ciji zare ta tofar.

"Wato in bar kekena in je in yi ta surutu da duwatsu."

"Ba duwatsu ba ne."

"Suna amsawa?"

"A'a."

"To duwatsu ne." Ta ninke rigar. "Ba don ke ba, Yaya, ki sani. 'Yata ta biyu a unguwarku take, ga goyo ga ciki. Ba za ta yi shekara bakwai tana yawo da bokiti ina raye ba. Gobe zan zo."

Matsalar ita ce, babu wanda ya ƙware a miƙa murya. Mai hira sau ɗaya take karɓa a rayuwarta, sau ɗaya take bayarwa. Masu hirar garin ba sa haɗuwa, duk lokaci ɗaya suke aiki, kuma in sun tashi babu mai marmarin magana. Iya Shiru ta tuna ta yi kwana arba'in tare da gwaggonta, amma ta kasa tuna darasi ko ɗaya. Abin da ta riƙe kawai shi ne tsohuwar ta cika son jin ƙwaƙwaf, tambaya kan tambaya, wa kike so, me ya ce miki, me kika ce masa. Ta ɗauka tsufa ne.

Don haka ta yi abin da ta ga ya dace da hankali. Ta tsai da Auta a bakin kwamin farko ta ce, "In na faɗa, ki faɗa. Yau na ga kyanwa a kan rufi."

"Yau na ga kyanwa a kan rufi."

Ƙas, ƙas, ƙas, kwamin ya rufe.

"Kin ɗaga murya. Ki yi ƙasa-ƙasa kamar tawa."

Auta ta kumbura wuya ta yi ƙasa-ƙasa. "Yau na ga kyanwa. Yaya, kamar ɗan dako mai mura nake ji."

Kwami na biyu ma ya rufe.

Suka gwada magana a tare, muryar Iya Shiru a sama, ta Auta a ƙarƙashi. Suka gwada Auta ta tsaya a bayan ƙofa, ta riƙa matsowa taku ɗaya kowace rana. Suka gwada ta sa tsohon zanen yayarta, wai ko ƙamshi ne. Auta ta ce in an ƙara mako guda za a ce ta aske gira. Kullum abu ɗaya: da ta yi magana sai ƙas, ƙas, sai Iya Shiru ta ɗaga mata hannu ta yi shiru, ita kuma ta shiga lallashi har bakunan su sake buɗewa. Mata a waje suna bubbuga bango. Wata ta ɗaga murya ta taga ta ce ko wanka suke yi da ruwan.

Wata guda ya wuce a haka. Muryar Iya Shiru tana ƙara dusashewa, tana yanke mata a tsakiyar magana. Na kwami na shida, da suka fi nisa da inda take yawan tsayawa, suka fara ƙin buɗewa. Wata safiya ta tsamo goma sha ɗaya matattu, ta tara su a bokiti. Wasu daga cikinsu sun girme ta a ɗakin. Sai ta fara labarin wani mai sayar da gishiri.

Ran nan da la'asar Auta ta ɗauki mayafinta daga kan ƙusa ta fara ninkewa.

"Yaya."

Iya Shiru tana tsakiyar labarin gishiri, ba ta juyo ba.

"Yaya."

Ta ci gaba da takawa.

"Yaya, da ke nake."

Daidai nan maƙogwaron ya shaƙe ta. Ta dafa gefen kwami na uku, ta ce, "Na'am." Ba ta da numfashin ƙara komai, don haka ta tsaya tana jira. Ba kirki ne ya tsai da ita ba, ƙullin ne.

"Zan koma shagona," in ji Auta. "Wata guda ina ɗakin nan. Kin gaya wa abubuwan nan labarin kyanwa, da na gishiri, da na mafarkin da kika yi. Ni ba ki tambaye ni ko na karya kumallo ba. Ba ki san sunan jikokina ba. In na buɗe baki ki ɗaga min hannu kamar mai korar kaza."

"Na ji."

"Ba ki ji ba. Ranar da Inna za ta cika, tun hantsi take kiranki. Sau biyu na aiko."

"Me ta ce?"

"Au, yanzu kike tambaya?"

"Me ta ce?"

Auta ta juya mayafin a hannu. "Cewa ta yi a ƙyale ki, aiki kike. Sai kuma ta ce a ɗage labule, tana son ta riƙa ganin ƙofa. Har ta cika ƙofa take kallo. Ke da bakinki kika ce min kwana uku suke jurewa. Rabin yini kawai, Yaya. Me ya hana ki?"

Iya Shiru ta ce, "A nan na san abin da zan ce. A can ban sani ba."

"Wa ya ce sai kin ce wani abu? Zama ne kawai. Ni me na ce mata? Fifita na yi ta yi mata, ina ba ta ruwa a cokali, ina yi mata ƙarya wai ga ki nan tafe."

Sai a lokacin Iya Shiru ta lura da ƙarar ruwa. Bai ragu ba. Auta ta daɗe tana magana, da muryarta ta gaske, siririya mai kaifi, amma ba a ji ƙas ko ɗaya ba. Ta dubi kwamin da ta dafa. Bakuna a buɗe, ruwa yana motsi a kansu. Na biyu ma haka, na huɗu ma haka.

Ta ce, "Ci gaba."

Auta ta bi idonta da kallo. Ta yi wata 'yar dariya marar daɗi. "Ko yanzu ma su kike kallo."

"Su nake kallo."

"Ko ƙarya ba za ki yi min ba?"

"Ba ni da muryar ƙarya. Kaɗan ta rage."

Auta ta mai da mayafin kan ƙusa, ta zauna a gefen kwamin, ta miƙe ƙafa. "To tambaye ni wani abu."

Iya Shiru ta yi tunani. "Kin karya kumallo?"

"Da la'asar? Allah ya shirye ki."

Abin ke nan da gwaggo ta yi mata shekara talatin da huɗu da suka wuce, ita kuma ta ɗauka gulma ce. Saurarau ba kamannin murya yake bi ba. Yana karɓar muryar da mai hirarsa ta amsa wa. A kira ta, ta ce na'am, ta yi shiru ta ji, ta mayar da abin da ya dace. Iya Shiru ta iya magana fiye da kowa a unguwar, amma ta manta yadda ake barin gurbi wani ya shiga.

Koyon bai zo mata da sauƙi ba. Washegari Auta tana ba da labarin wata amarya da ta sa aka farke riga sau uku, hankalin Iya Shiru ya tafi kwami na shida, ta ce "na'am" a inda ba a kira ta ba. Nan take aka ji ƙas, ƙas.

"Kin gani? Sun kama ki," in ji Auta. "Me na ce?"

"Amarya."

"Amarya ta yi me?"

"Ban ji ba."

"To buɗe kunne. 'Ya'yanki sun fi ki ladabi."

Suka yi kwana arba'in a haka. Iya Shiru ta ajiye 'yar muryar da ta rage mata don tambaya da amsa: sai me, wa ya ce, ke kuma fa. Ta koyi sunayen jikokin Auta guda bakwai, da wanda ke cizo a cikinsu. Ta ji cewa mijin Auta ya yi shekara biyu a kwance kafin ya rasu, da ɗinki ta riƙe gidan. Ta ji cewa Auta tun tana ƙarama take tsoronta. Suka yi gardama a kan launin ƙofar gidan da suka taso, har aka kusa rufe kwami biyu. Wata rana Auta ta kwaikwayi tafiyar gwaggo, Iya Shiru ta yi dariya, dariyar ba sauti sai iska, ta riƙe wuya hawaye na zuba don zafi.

A mako na biyar Auta ta ce, "Akwai abin da ban gaya miki ba. Ɗanki yakan ƙetaro. Sau huɗu yana zuwa shagona, har da matarsa sau ɗaya."

"Na'am."

"Na ce ya je ya gan ki. Ya ce in ya zauna a gabanki ji yake kamar ya yi laifi, bai san na mene ne ba."

Iya Shiru ta dubi ruwa. Sannan ta ce, "Ya yi ƙiba?"

"Ya yi tumbi, kamar ubansa. Furfura ma ta fara."

"To."

Bakunan ba su rufe ba.

Ranar kwana na arba'in da ɗaya, mai makulli ya buɗe musu ƙofa da sassafe ya koma. Iya Shiru ta tsaya a bakin ƙofa ta yi wa Auta nuni ta shiga ita kaɗai. Auta ta shiga, ta gyara ɗaurin zane, ta ce, "To, duwatsu, mun kwana lafiya? Bari in gaya muku abin da surukina ya yi jiya." Kwamin farko ya buɗe, na biyu ya bi, har na shida. A waje famfo uku suka kama zuba, wata mata ta ce a matsa mata da bokiti.

Iya Shiru ta shigo a hankali. Ta tsaya a kwami na uku, ta sunkuya, ta gaishe su kamar yadda ta saba kowace safiya. Abin da ya fito daga wuyanta ba murya ba ce, wani gurnani ne kamar ana jan benci a kan siminti. Ƙas, ƙas, ƙas. Rabin kwamin ya rufe. Ba su gane ta ba.

Auta ta katse labarinta. Suka dubi juna.

"Yaya," ta ce, ƙasa-ƙasa. "Sai dai ki fita."

Iya Shiru ta ɗauki kofinta da ɗan tulun zumarta daga kan taga, ta fita.

Unguwar kafintoci ba ta rasa ruwa ko na yini ɗaya ba. Mai makulli ya kawo wa Iya Shiru turmin zane, ya yi godiya a tsaye ya tafi. Kafin damina ta sauka muryar ta ɗauke gaba ɗaya. Auta takan biyo ta gidan ranar da ta sami dama, amma gidanta yana da nisa, ga jikoki, ga gajiya, zuwan ya koma mako-mako.

Iya Shiru ta yi kwanaki a tsakar gida ita kaɗai. Sannan ta fara ɗaukar kujerarta da safe, ta kai ta jikin bangon gidan ruwa, ƙarƙashin taga. Daga nan ana jin muryar Auta tana kaiwa tana komowa. Wani lokaci labarin shago ne, wani lokaci na jikoki. Sau da yawa labarin wata yayarta ne, mace mai taurin kai, wadda wai tun tana yarinya ta taɓa cije wani malamin makaranta. Ƙarya ce, tsunkulinsa ta yi. Iya Shiru takan buɗe baki, sannan ta rufe.

Matan layi yawancinsu ba su san fuskarta ba, shekara talatin da huɗu bango ne tsakaninsu. Wata safiya layin ya yi tsawo har ya kai inda take. Wata matashiya mai goyo ta taɓa kafaɗarta.

"Iya, in ba ɗiba za ki yi ba, ɗan gusa mana."

Ta ja kujerar gefe, zuwa inda bangon ya ƙare. Daga can ba a jin abin da ake cewa, sai dai a san ana magana. Ta zauna a nan har rana ta iso ƙafarta, sannan ta ɗauki kujerar ta tafi gida.